Ƙafar Hagu a Gangare

Motar bulo ba ta tsaya ba sai da ta shige rumfar Tela har rabinta. Da Mai Sawu ya iso washegari da hantsi, tana nan yadda 'yan sanda suka bar ta: hancinta cikin bangon langa-langa, bulo a zube ko'ina, keken ɗinki na ƙafa kwance a gefe kamar akuyar da aka kayar. Wani ya watsa toka a kan jinin. Tela yana asibiti, ƙafafunsa biyu a karye, ta dama kuwa sai abin da likita ya gani.

Mai Sawu ma'aikacin kamfanin inshora ne, dattijo mai ciwon gwiwa. Tun yana saurayi ya sami sunan, lokacin da yake bin mahaifinsa daji neman shanun sata. Daji ya zama gidaje, shi kuma ya koma bin sawun taya da sawun ƙarya. Manajansa ya aike shi da safe ba tare da ya ɗago kai ba.

"Wanda ya kai kansa wurin 'yan sanda tsoho ne, lasisinsa lafiya lau. In shi ne ya tuƙa, dole mu biya telan. Amma na ji ƙishin-ƙishin ba shi ba ne. Ka kawo mini hannun da ba shi da lasisi, in rufe maganar."

Layin ya yi tsit da ganin jakarsa mai tambarin kamfanin. Mai aski ya daina wasa aska, mai kanti ya hau jera sabulun da yake a jere. Ya yi sallama, aka amsa a taƙaice.

"Wa ya ga wanda ke tuƙi?"

"Baba Direba ne," in ji mai aski. "Birki ya ƙi, ya yi iya ƙoƙarinsa."

Mai kanti ya ce, "Baba Direba ne. Birki ya ƙi, ya yi iya ƙoƙarinsa."

Mai guga ma haka ya faɗa. Amsar ɗaya, tsayinta ɗaya, kamar Tela ne ya yanka musu ita a ƙyalle ɗaya kafin a tafi da shi. Mai Sawu ya san mutanen da suka ga abu da idonsu ba sa yarda da juna haka. Gardama suke yi.

"To me ya sa ya gudu, bai tsaya an ciro Tela ba?"

"Da kai ne, da ka tsaya?" wata tsohuwa mai gyaɗa ta ce daga bakin ƙofarta. "Malam, ku dai ku biya bawan Allah. Hannunku ya iya karɓa, in an zo bayarwa sai ya shanye."

Aka yi dariya, ba ta daɗi ba.

A hankali ya hau gangaren da motar ta biyo. Layin ba kwalta, jar ƙasa ce. An yi ruwa kafin haɗarin, rana ta gasa ƙasar daga baya, sawun taya ya zauna kamar an zana shi. 'Yan kallo sun tattake na dama. Na hagu kuwa yana bin bakin kwata, ba wanda ya taka. A gefensa akwai wani karce, faɗin tafin hannu, kamar an ja ƙaramar garma. Ya faro daga tsakiyar gangare, ya yanke, ya sake farawa da zurfi, har ya ƙare daidai inda motar ta tsaya.

Ya durƙusa ya leƙa ƙarƙashinta, ko wani ƙarfe ne ko sarƙa ke jan ƙasa. Ba komai. Ƙofar direba ma babu ita, an cire tun tuni, tsatsa ta cinye maƙalarta. Ya daɗe yana kallon karcen. Bai san sawun mene ne ba, wannan kuma ya fi ƙaryar mutane damun sa.

*

An ba da belin Baba Direba. Mai Sawu ya same shi a gida zaune a tabarma, gajeren tsoho mai kauri, hularsa a gwiwa, bargo a kafaɗa cikin wannan zafi. A bakin taga akwai ƙwayoyin magani da kofin ruwa.

"Baba, tun yaushe kake tuƙi?"

"Tun kafin a haifi alƙalin da zai yi mini hukunci."

"Ka taɓa buge wani?"

"Kaza guda. Na biya mai ita, ta kuma riƙe kazar."

"Birkin motar fa?"

Fuskar tsohon ta ɗan saki. "Birkin nan sai da lallaɓa. Ka taka, ka saki, ka sake takawa, sannan ya ji. In ka danne shi gaba ɗaya, kamar ka taka soso ne."

"To jiya mantawa ka yi?"

"Tsufa."

"Tsufa!" muryar matarsa ta fito daga bayan labule. "Mutumin da zazzaɓi ya hana shi ko..."

"Ke!"

Labulen ya daina motsi. Mai Sawu ya miƙe ƙafarsa mai ciwo, ya ce, "Ka san za su karɓe lasisinka. Wataƙila ma su ajiye ka."

Baba Direba ya kama wuyan rigarsa ya nuna masa. "Ka ga ɗinkin nan? Tela ne. Bai taɓa tambaya ta yaushe zan biya ba. In an karɓe lasisi, ai da ƙafafuna zan fito daga kotu." Ya gyara bargonsa. "Ni na tuƙa, ɗana. Rubuta."

*

Gidan bulo yana saman gangaren. Inji na ƙara, ƙurar siminti ta yi wa kowa furfura. Mai Bulo, mai motar, ya tarye shi da hannu biyu, ya sa aka kawo kujera da ruwan sanyi, ya yi ta jajanta halin Tela har idonsa ya kawo ruwa.

"Ni dai Baba Direba na miƙa wa makulli, Yallaɓai. Kowa shaida ne." Ya rage murya. "In kuma wani ya karɓa a hanya ba da sanina ba, wannan ban sani ba. Makanike yakan ɗauke ta gwaji. Ko takardar keke ba shi da ita, kuma tun jiya ba a gan shi ba."

A inuwar bango wani mutum yana zaune a kan bulo kusa da wani babur da aka lulluɓe da buhu. Takalmi a ƙafarsa ta dama, ta hagu cikin safa mai kauri.

"Wane ne wancan?"

"Ƙanen matata ne, Walƙiya. Babur yake haya. Ƙusa ya taka, shi ya sa ka gan shi a zaune."

Walƙiya ya gaishe shi, idonsa a ƙasa.

*

Makanike bai yi nisa ba. A bayan garejinsa yake, kwance ƙarƙashin wata matacciyar mota da ba ta bukatar gyara, hannunsa ɗaure da tsumma. Sai da Mai Sawu ya zauna a kan taya ya nuna ba inda za shi, sannan Makanike ya jawo jikinsa waje.

"Kana da lasisi?"

"Ni da nake gyara su, me zan yi da lasisi? Ungozoma tana da takardar haihuwa?"

"Hannun fa?"

"Langa-langa. Ni na kawo jak na ɗaga motar aka zaro Tela. Tambayi matarsa, a kanta jinina ya zuba."

"To me ya sa ka ɓuya?"

"Saboda birki! Na gaya wa Maigida a sauya, ya ce a bari sai kasuwa ta buɗe. Yanzu in an zo neman wanda za a rataya wa, wa ya fi makanike wuyan da ya dace?" Ya tofar da yawu. "Kuma ni da na san birkin nan kamar tarina, ai ba zan danne shi in zura ido ba."

Mai Sawu ya yarda da shi, abin da bai so ba, don da Makanike ne da yau ya koma gida da wuri.

"Wa ya tuƙa?"

"Ni a ƙarƙashin mota nake rayuwa, Malam, taya kawai nake gani." Ya dube shi a kaikaice. "Maigida ya tara mu tun kafin jinin ya bushe. Ya ce in aka ji wani suna ban da na Baba Direba, kamfaninku ba zai ba Tela ko sisi ba. Ƙarya ya yi?"

Mai Sawu ya ɗauki jakarsa ya tashi.

*

Matar Tela tana zaune a barandar asibiti, kwanon abinci a cinyarta, ba a buɗe ba. Ta gane shi da jakarsa.

"Likita ya ce ta hagun za ta gyaru in an yi aiki da wuri. Ta daman ba ya alkawari. Ku suke jira." Ta dube shi ido cikin ido. "Malam, ni ban damu da wanda ya tuƙa ba. Da ƙafa mijina yake ɗinki. Kada ka je ka tono abin da zai binne mu."

Ya fito gwiwarsa na zogi, ya tare mai babur. Suna tafe yana juya maganar a ransa. In ya bar ƙaryar, tsoho zai ɗauki laifin da ba nasa ba, Tela ya sami magani. In ya tono gaskiya, Manaja zai rufe maganar da murmushi. Ya sha ganin waɗanda aka ce wa kamfani ba ya biya, su naɗe takardunsu su tafi gida suna cewa haka Allah ya so. Kaɗan ne suka taɓa ƙin tafiya.

Suka zo wani gangare a bayan kasuwa, wata babbar mota ta tsaya a gabansu ba zato. Mai babur ya matse birki, babur ya ƙi jin magana, nan take ya sauke ƙafarsa ta hagu yana jan ƙasa, ƙura na tashi, har suka tsaya dab da ƙarfen motar.

"Yi haƙuri, Baba, birkin ne sai a hankali."

Mai Sawu ya waiwaya. A bayansu, gefen sawun taya, ga karce faɗin tafin hannu, ya yanke, ya sake farawa da zurfi.

"Wa ya koya maka sa ƙafa?"

Mai babur ya yi dariya. "Ba a koyarwa, Baba. Ƙafar ce ke fita da kanta."

*

Da la'asar ya tara su a gaban rumfar da ta rushe: Mai Bulo da Walƙiya, Baba Direba cikin bargonsa, Makanike, da matar Tela da ya aika aka ɗauko. Mutanen layi ba a kira su ba, amma ba wanda ya rage a shagonsa.

Ya nuna musu karcen da tsinken ƙarfe, daga inda ya faro zuwa inda ya ƙare.

"Baba, ka ce kai ka tuƙa. Da birki ya ƙi, a nan ka sauke ƙafarka ta inda babu ƙofa, ka yi ta jan ƙasa don ka tsayar da motar. Haka ne?"

Dariya ta kuɓuce wa tsohon kafin ya kama ta. "Haba, ɗana! Mota ɗauke da bulo, a tare ta da ƙafa? Ai sai wanda bai taɓa..."

Bargon ya zame daga kafaɗarsa, bai ɗauka ba.

"Sai wanda bai taɓa tuƙa mota ba," in ji Mai Sawu. "Wanda ƙafarsa ta saba fita da kanta." Ya juya. "Walƙiya, cire safar."

"Ƙusa ya taka," in ji Mai Bulo da sauri.

Walƙiya ya zauna a ƙasa. Bai cire safar ba, amma ba wanda ya sake bukatar ya cire. Ya rufe fuskarsa da hannu biyu.

"Na ce masa ban iya ba. Wallahi na ce masa. Ya ce Baba na kwance, mai kaya na jira, ai mota ta fi babur sauƙi tunda ba ta faɗuwa. Na danna birki, ya tafi ƙasa. Na ga Tela ya ɗago kai yana kallo na, zare a bakinsa."

Matar Tela ta miƙe. Ba Walƙiya ta nufa ba.

"Ka ji daɗi?" ta ce da Mai Sawu. "Na roƙe ka. Duk layin nan, har tsohon da ba shi da lafiya, kowa ya ba da abin da yake da shi. Kai kaɗai ka zo ka ƙwace. Je ka karɓi ladanka."

"Allah ya isa," in ji tsohuwa mai gyaɗa, a hankali, kamar tana faɗin farashi.

Mai Sawu ya jingina da motar, don gwiwar ta gaji da ɗaukar sa. Abin da zai faɗa ba a aiko shi ya faɗa ba, ya kuma san inda zai kai shi.

"Wa ya gaya muku kamfani ba zai biya ba?"

Idanu suka koma kan Mai Bulo.

"Yarjejeniyar lasisi tsakanin kamfani da mai mota take. Tela bai sa hannu a komai ba, a rumfarsa yake zaune. Na ga irin wannan ta je gaban alƙali, ba sau ɗaya ba. Aka ce kamfani ya biya wanda aka buge, sannan ya juya ya karɓi abinsa daga wanda ya ba marar lasisi makulli." Ya dubi Mai Bulo. "Kai ka san wannan, Maigida, ba yau ka fara harkar motoci ba. In Baba ne ya tuƙa, kamfani ya biya, kai ka kwana lafiya. In Walƙiya ne, injin bulonka za a zo ɗauka. Ku kuma mutanen layi, ba ƙafar Tela kuke rufa wa asiri ba tun jiya. Injinsa kuke gadi."

"Sharri ne!" in ji Mai Bulo. "Ni da na yi alkawarin ciyar da iyalin Baba in an ɗaure shi?"

"Ashe har ɗaurin ka lissafa," in ji mai aski.

Baba Direba ya sunkuya ya ɗauki bargonsa. Ya kaɗe shi, ya yafa, ya wuce ta gaban maigidansa ba tare da ya dube shi ba.

Matar Tela ba ta sauko ba. "Ka tabbata za su biya?"

"Ban tabbata ba. Manajana zai ce miki a'a. Kada ki tafi gida. Akwai lauyoyin da ke tsaya wa marasa ƙarfi a bayan kotu, ki je da sassafe ki zo da ɗaya."

"In kuma ba su biya ba?"

"To na cuce ki," ya ce.

*

Manaja ya karanta rahoton yana kaɗa ƙafa. "Aikinka na kyau. Ɗan babur, ba lasisi. An gama." Sai masinja ya leƙo ya ce akwai mata biyu a benci, ɗaya lauya ce, sun ce ba inda za su.

Manaja ya fita. Ya daɗe. Da ya dawo ya rufe ƙofa da kansa.

"Wa ya gaya mata?"

"Ni."

"Shekara da shekaru kana cin albashin gidan nan."

"Abin da ka aike ni na kawo, Yallaɓai. Duk abin da ke cikin rahoton gaskiya ne. Abin da na gaya mata ma gaskiya ne."

Manaja ya zauna yana murza goshi. Ba mugun mutum ba ne, shi ma akwai na sama da shi. "Ba zan je kotu in sha kunya a kan tela ba. Za mu rubuta wa asibiti yau, mu bi mai bulon daga baya. Kai kuma ka ajiye katin aikinka a kan teburin nan."

Ya ajiye. Ya yi mamakin yadda katin ba shi da nauyi.

A baranda lauyar tana waya. Matar Tela tana benci ita kaɗai, kwanon nan a cinyarta. Gwiwarsa ba za ta kai shi bakin titi ba sai ya huta, ba kuma wani wurin zama. Ta janye jakarta ba ta dube shi ba, ya zauna. Tun da yake aiki a gidan bai taɓa zama a bencin nan ba.

"Za su biya," ya ce.

"Na ji." Ta gyara murfin kwanon. "Da asuba suka yanke ta daman."

Ya so ya tambaye ta ko da ya bar ƙaryar da takardar ta isa asibiti da wuri, ya ga ba ita ya kamata ta ɗauki wannan tambayar ba.

"Ya farka?"

"Ya farka. Bai tambayi ƙafar ba, keken ya tambaya. Wai ko ana iya taka shi da hagu kaɗai." Ta share ido da gefen mayafi. "Makanike ya ɗauke shi ya kai gareji. Ya ce zai gani."

Suka zauna suna kallon ƙofar Manaja, suna jiran takardar ta fito.